Lambata Ta Fito, Ruwa Ya Yanke Hanya

Litinin, 7 ga Oktoba, bayan la'asar

Lambata ta fito. Majo Kalli, shugaban likitarmu, wato ƙaramin asibitin garin nan, ya kira ni ofis da safe ya ce, "Zubairu, daga yau ka fita daga kwantaragi. Kai ma'aikacin gwamnati ne cikakke." Ya miƙo mini hannu, abin da bai taɓa yi ba. Shekara goma sha ɗaya ina jiran wannan magana. Na sha cewa ran da ta zo zan yi sujada a tsakar likita. Sai ga ni ina tambaya, "Laminu fa?" Ya ce daga garin nan mutum ɗaya aka ɗauka.

Laminu ya riga ni shiga aikin nan. Shi ya koya mini neman jijiya a hannun jariri. Na same shi a ɗakin allura na gaya masa. Ya ce, "Barka, Allah ya sa alheri," ya ci gaba da wanke hannu. Ya daɗe yana wanke hannun.

Matata Ummusalma ta yi guɗa har maƙwabta suka leƙo. Na ce mata ta sassauta. Ta ce, "Sata ka yi?"

Talata, 8 ga Oktoba, da hantsi

Gobe ƴan kwantaragi za su fara yajin aiki. Maganar ba sabuwa ba ce. An ƙara wa masu lamba kuɗin haɗari saboda zama a bakin kogin Komadugu, mu kuma aka ce ba mu cikin tsari. Na rubuta "mu". Ban san yadda zan daina ba. Allura ɗaya muke yi, hanya ɗaya muke bi da fargaba ɗaya, amma ɗan kwantaragi ko rabin na mai lamba ba ya samu, kuma sai ya yi wata biyu yana jira.

A taron da aka yi Diffa watan jiya ni ne na tashi na ce, "Aiki ɗaya, albashi ɗaya." Aka tafa mini. Wasu sun ɗauka a waya. Yau Munira, unguwarzomarmu, ta ce mini ana yawo da hoton, an rubuta wani abu a ƙasansa. Ban tambaye ta me aka rubuta ba.

Ba ni na zaɓi lokacin ba. Takarduna na kai kamar kowa.

Laraba, 9 ga Oktoba, bayan azahar

Sun fara. Laminu da Munira sun zo, sun gaida Majo, sun ajiye fararen riguna sun koma gida. Ni da Majo muka ga marasa lafiya. Masassara ta yi yawa bana, layin yara har bakin dalbejiya.

Da, ni da Laminu da Munira kwano ɗaya muke ci a bayan ɗakin magani. Yau Majo ya ce in zo mu ci tare a ofis. Akwai nama. Ya ce, "Ka ga, Zubairu, ba ƙin su muke ba. Amma ni na yi makaranta shekara uku bayan tasu. Na zauna Ngurti lokacin da sai raƙumi ke kai mutum. In aka daidaita ni da wanda ya zo jiya, to me na yi da rayuwata?" Na ce Laminu ba jiya ya zo ba. Ya ce, "Kai yanzu kana wannan gefen. Ka koyi zama."

Abin haushi, ba duka maganarsa ce ƙarya ba.

Juma'a, 11 ga Oktoba, da yamma

Majo ya tafi Diffa taron sandikan manya, wato ƙungiyar manyan ma'aikata. Ya ce Lahadi zai dawo. Ya bar mini makullai.

Kogi ya cika. Maikano, wanda ya dawo daga Damasak da iyalinsa yake noma gonar aro, ya ce ruwa ya taɓa kunyar farko ta tattasansa.

Lahadi, 13 ga Oktoba, bayan la'asar

Ruwa ya cinye hanyar da ke fita zuwa kwalta. Majo bai dawo ba.

Litinin, 14 ga Oktoba, da rana

Majo ya kira. Sai na hau tudun bayan masallaci kafin in ji shi, nan kaɗai rezon waya ke kamawa. Ya ce mota ba ta wuce Chetimari, kwalekwale kuma sai da izinin sojoji, kuma shi da ciwon ƙafarsa ba zai iya ba. Ya ce sandikan manya sun yanke ba za su goyi bayan daidaita albashi ba, a dai ƙara wa ƙanana wani abu in hali ya yi. Ya ce, "Ka riƙe gida."

Ni kaɗai ne a likita. Ni ke rubutawa, ni ke allura, ni ke ba da magani, ni ke share amai.

Na bi ta ƙofar gidan Laminu da zan koma. Yana zaune a zaure da rediyo. Na yi sallama ya amsa. Na ce, "Majo ya maƙale." Ya ce, "Na ji." Na tsaya ina jira ya ce wani abu. Ya ce, "Ka gaida Ummusalma."

Laraba, 16 ga Oktoba, da asuba

Ban karya ba jiya, ban ci na rana ba. Bayana kamar an daka.

Alhamis, 17 ga Oktoba, bayan magariba

An kawo mace tana naƙuda, ɗa ya zo a karkace. Na yi abin da na sani, bai isa ba. Ina tsaye ina zufa sai na ji an buɗe ƙofar baya. Munira ce, da hijabinta na gida, ba farar riga. Ba ta dube ni ba. Ta ce, "Matsa." Na matsa. Ta juya ɗan, ya fito yana tsala ihu.

Da ta gama ta ce, "Ya Zubairu, ban zo ba. Ka ji? In delege, wakilin ƙungiyarmu, ya ji, za a ce na sayar da mutane." Na ce na ji. Ta ce, "Kai ka san yadda abin yake." Ban gane ko tausayi ne ko gori ba.

Na rubuta sunana a wurin wanda ya karɓi haihuwa.

Asabar, 19 ga Oktoba, da hantsi

Ruwa ya shiga unguwar gabas. Mutane sun kwaso kaya sun cika lakwal, makarantar yaranmu. Gonar Maikano ta tafi duka, sai kan tattasai ja-ja yana leƙowa a ruwa. Maganin masassara na allura ya kusa ƙarewa. Na hau tudu na kira gunduma, aka ce ana dubawa.

Ummusalma ta fara maganar in albashi ya zo za mu kama gida a Diffa, yara su shiga lakwal mai kyau. Na ce ta bari. Ta ce, "Shekara goma sha ɗaya ina auna hatsi da ido, yau ka ce kada in yi murna? Laminu ne ya aure ni?" Na fita na bar mata ɗakin. Babu inda zan je sai likita.

Litinin, 21 ga Oktoba, bayan azahar

Na je wurin Laminu da niyyar roƙo. Ya shimfiɗa mini tabarma, mahaifiyarsa Ya Kaka ta aiko da ruwa. Na ce, "Ko da safe kaɗai ka zo. Ba zan gaya wa kowa ba." Ya ce, "Zubairu, kai ka tashi ka ce kada kowa ya ja da baya. Na ɗaga hannu saboda kai ka faɗa." Na ce lokacin babu ruwa. Ya ce, "Kullum akwai wani abu. Bara kwalara, bara waccan ƴan gudun hijira. Duk lokacin da muka ce za mu tsaya sai a ce mutane za su mutu. Mu koma, a manta da mu. Ƴata ta bar lakwal saboda ba ni da abin biya. Wa ya ce wannan ma mutuwa ce?"

Na ce ba ni na zaɓi lokacin ba. Ya ce, "Na sani. Su suka zaɓa."

Wannan maganar ta bi ni har gida. Ko dai don a rufe mini baki aka ba ni? Ko kuwa layi ne ya zo kaina? Babu wanda zan tambaya ya gaya mini gaskiya.

Talata, 22 ga Oktoba, da yamma

Ruwa gabas, ruwa kudu, ruwa a hanya. Sauro kamar hayaƙi.

Alhamis, 24 ga Oktoba, bayan magariba

Yau ba zan rubuta ba.

Juma'a, 25 ga Oktoba, bayan masallaci

Mun kai shi da safe. Maƙabarta ta jiƙe, sai da aka nemi wuri can sama. Maikano da kansa ya ɗauki ɗan nasa, bai yarda kowa ya karɓa ba. Ba shi da nauyi. Imran sunansa, shekararsa huɗu.

Laminu ya zo ya tsaya a sahun baya. Da aka shafa Fatiha, mutane suka yi ta ba juna hannu, shi aka riƙa wuce shi.

Asabar, 26 ga Oktoba, da hantsi

Idon Imran fari fat tun da aka shigo da shi ran Alhamis. Tafin hannunsa kamar takarda. Masassara ta shanye jinin. Jini yake so, jini kuma sai Diffa. Wannan na sani, kuma zan faɗa ko gaban wa.

Amma na nemi jijiya na rasa. Hannu, ƙafa, kai. Ga wata mata tana zubar da jini a ɗaya ɗakin. Ummusalma ta kawo mini abinci, na ce ta ruga ta kira Laminu. Abin da ya biyo baya ita ta gani, ba ni ba. Ta ce ya miƙe da sauri, ya sa takalmi, sai ya tsaya. Ya ɗauki waya ya nufi tudun masallaci, wai zai sanar da delege tukuna. Ta ce ta bi shi tana magana, yana ɗaga waya sama yana neman rezo.

Ya zo. Ya samu jijiyar a gwajin farko. Yaron ya cika kafin ruwan da aka ɗaura masa ya kai rabi.

Tun azahar aka kira shi, ya iso ana kiran la'asar. Ina ta cewa kaina ko da ya zo nan take, jini ne babu. Gaskiya ne. Ina ta faɗa.

Lahadi, 27 ga Oktoba, bayan la'asar

Gari duka ya san maganar tudu. Na tambayi Ummusalma wa ta gaya wa. Ta ce uwar yaron ta riƙe mata zane tana tambaya me ya sa ta daɗe, me za ta ce? Ta yi kuka. Ban yi mata faɗa ba, ban kuma lallashe ta ba. Muna gida ɗaya kamar baƙin tasha.

An watsa wa ƙofar Laminu taɓo.

Talata, 29 ga Oktoba, da rana

Majo ya kira. Ya ce maganar ta kai sama, har an faɗa a wani taro cewa yajin aiki ya kashe yaro a bakin kogi. Ya ce Dokta na gunduma zai zo da kwalekwalen sojoji. Ya ce, "Ka amsa abin da aka tambaye ka, kada ka ƙara. Ka tuna shekarar farko ta gwaji ce. Lamba da aka bayar ana iya karɓewa." Na ce kwana goma ina kira a kawo magani, ba a samu kwalekwale ba. Ya ce rezo ba kyau.

Delegen ƴan kwantaragi ma ya kira, karo na farko tun fitowar lambata. Ya ce, "Kamarad, ka ce ba ka aika masa ba. Ka rufa mana asiri." Na ce matata ce ta je, gari ya gani. Ya ce, "To mun san inda ka tsaya."

Kowa ya san inda na tsaya sai ni.

Alhamis, 31 ga Oktoba, bayan magariba

Dokta ya zo da kwali biyu na magani da mai rubuta masa. Aka zauna a ƙofar Bulama, mai garinmu. Laminu yana gefe, Maikano yana gefe, mutane sun kewaye.

Dokta ya kira ni da laƙabin girmama ma'aikata, ya ce, "Mushe Zubairu, ka aika a kira Laminu?" Na ce na aika. "Ya zo nan take?" Na ce ya zo, kuma shi ya samu jijiya. Ya ce, "Na ce nan take?" Na dubi Laminu. Ya gyaɗa mini kai kaɗan, kamar mai cewa faɗi. Na ce a'a.

Mai rubutu ya rubuta. Sai na ce, "Dokta, a rubuta wannan ma. Yaron jini yake buƙata. Babu jini a nan, babu hanya, kuma na yi ta kira. Ko mu goma ne a ɗakin, ba mu da abin ba shi." Muryata ta yi ƙarfi fiye da yadda na so. Dokta ya ce, "An ji." Na duba, alƙalamin bai motsa ba. Na ce, "Ban ga an rubuta ba." Bulama ya ce, "Malam Zubairu, a yi haƙuri." Dokta ya ce wa mai rubutun ya sa. Ya sa layi ɗaya.

Aka tambayi Maikano. Ya ce da Hausarsa ta Barno, "Ni ban kawo ƙarar kowa ba. Na baro gida saboda bindiga, ruwa ya ci gonata, Allah ya karɓi ɗana. Wanda ke da albashi da wanda ba shi da shi, ku kuka san wannan. Ni dai na kawo yaro likita." Ya tashi ya tafi. Babu wanda ya tsayar da shi.

Dokta ya tambaya ko akwai ɗan kwantaragin da ya yi aiki cikin yajin, don a san wanda za a sassauta wa. Munira tana cikin mata, ta kafe ni da ido. Na ce ban ga kowa ba.

Laminu bai kare kansa ba. Ya ce, "Na tsaya neman izini. Haka ne."

Asabar, 2 ga Nuwamba, da safe

Ruwa ya fara ja. Ya bar wari.

Laraba, 6 ga Nuwamba, bayan azahar

An janye yajin aiki. An ce za a kafa kwamiti ya duba maganar. Kuɗin haɗari ba a ambace shi ba. Kwanakin yaji za a cire daga ɗan abin da suke samu. Munira ta dawo, ta sa riga, ta ce, "Ina kwana, Mushe." Ba ta taɓa ce mini Mushe ba.

Majo ya iso a bayan motar kaya, ƙafarsa a kumbure. Ya zo da takardar Laminu. An soke kwantaraginsa. Na tambaya ko sandikansu za su tsaya masa. Majo ya ce su ma sun ce maganarsa ta ɓata musu tafiya. Ya zauna ya cire hula, ya ce, "Wallahi Zubairu ban so haka ba. Yaron nan ya fi ni hannu." Ya ce ni in kai masa takardar. Na ce shi ne shugaba. Ya kai da kansa, yana ɗingishi.

Juma'a, 8 ga Nuwamba, da yamma

Albashin farko ya shigo. Ban gaya wa Ummusalma ba tukuna.

Lahadi, 10 ga Nuwamba, da hantsi

Laminu ya tafi. Wani ɗan uwansa yana da shagon magani a Maine, zai riƙa tsare masa. Matarsa da yara sun riga shi. Na raka shi bakin hanya, na ɗauki buhu ɗaya, bai hana ni ba. Taɓo har idon sawu.

Na ce, "Da na yi shiru." Ya ce, "Da ka yi shiru da Ummusalma ta zama maƙaryaciya. Bar shi." Muka yi tafiya. Ya ce, "Kullum ina ganin kaina a kan tudun nan da waya a sama. Na san ba ta da amfani. Na san ko ya ce kada in je, zan je. To me na tsaya nema?" Na ce jini ne babu. Ya ce, "Na sani, Zubairu. Ni ma likita ne."

Na ciro kuɗin da na naɗe a aljihu. Ya mayar mini da hannuna, ba da fushi ba. Ya ce, "In kana son yi mini wani abu, ga tsohuwa. Ta ƙi bi na sai na samu ɗaki. Jininta yana hawa, a riƙa auna ta. Ban gaya mata komai ba, ta ɗauka canjin wuri aka yi mini." Mota ta zo, ya hau bayan buhuna.

Talata, 12 ga Nuwamba, bayan la'asar

Ya Kaka ta zo da sandarta. Na zaunar da ita, na naɗa mata abin awo. Jinin ya hau sosai. Na ce ta rage gishiri, ta ce duk haka kuke cewa.

Ta ce, "Ɗana, an ce kai yanzu ka zama babba." Na ce haka aka ce, Ya Kaka. Ta ce, "Madalla. To shi wannan canji da aka yi wa Laminu, ƙarin girma ne shi ma? Maine ai babban gari ne."

Munira tana bakin ƙofa da faranti a hannu. Ta tsaya.

Na ce, "Maine babban gari ne, Ya Kaka."

Ta ce, "Alhamdulillahi. Dama na ce masa mai haƙuri ba ya taɓewa." Ta kwance bakin zanenta ta ciro goro ɗaya ta ba ni, ta ce in sa masa albarka in mun yi waya. Na karɓa da hannu biyu. Na ba ta maganin mako guda, na ce ta dawo Talata.

Da ta fita na kira na gaba.